Gandiroban da aka ce ya je gida ya huta

A ranar Lahadi 2 ga Nuwamban 2025 ne George Banks ya mutu a gidan yarin Phoenix da ke Jihar Pennsylvania ta ƙasar Amurka, yana da shekara 83, bayan ya shafe shekara 43 a tsare. Mutuwar tasa ta sa jaridun ƙasar sun sake waiwayar abin da ya aikata cikin daren Asabar 25 ga Satumban 1982, lokacin da ya ɗauki bindiga ƙirar AR-15 ya kashe mutum 13 a garin Wilkes-Barre da kewayensa. Bakwai daga cikin mamatan yara ne, kuma biyar daga cikin yaran ’ya’yan cikinsa ne. Mata huɗu da ya harbe su ne iyayen ’ya’yan nasa.

Abin da ya sa labarin ya cancanci duk mai riƙe da ofishin gwamnati ya tsaya ya dube shi shi ne, Banks ma’aikacin gwamnati ne, kuma hukumar da yake wa aiki ta ga alamun lalurarsa tun kafin ya zubar da jinin kowa. Gandiroba ne a gidan yarin Camp Hill na jihar, inda yake gadi a kan hasumiya da makami a hannu. An ɗauke shi aikin a 1980, duk da cewa shi kansa tsohon fursuna ne: a 1961 ya harbi wani mai gidan giya yayin fashi, ya yi sama da shekara bakwai a kurkuku, aka sake shi a 1969, daga baya Gwamna Milton Shapp ya sassauta masa hukuncin a 1974.

Banks ɗan baƙar fata ne da uwa Baturiya, kuma ya tashi yana kukan cewa ɓangarorin biyu duk sun ƙi shi. Da tafiya ta yi nisa sai wannan ƙunci ya rikiɗe ya zama wani abu dabam. Ya riƙa gaya wa abokan aikinsa cewa yaƙin launin fata na nan tafe zai cinye duniya, kuma ba zai bari ’ya’yansa su ɗanɗana azabar da ya ɗanɗana ba. Ga kuma rigimar riƙon ɗa da ta haɗa shi da wata tsohuwar abokiyar zamansa. A farkon Satumban 1982 ya fara maganar kashe kansa a wurin aiki. Shugabanninsa ba su yi kunnen uwar shegu ba. Sun cire shi daga hasumiyar, sun ba shi hutu, sun kuma umarci likitoci su duba ƙwaƙwalwarsa.

A takarda, hukumar ta sauke nauyin da ke kanta. Ta raba shi da bindigar gwamnati, ta kare fursunoni da sauran gandirobobi, ta rubuta abin da ya kamata ta rubuta. Sai dai mutumin da aka ga bai dace ya riƙe makami a wurin aiki ba, gida ya koma, gidan da mata uku da ƙananan yara biyar suke kwana, kuma akwai wata bindigar tana jiransa a can. Makonni uku ba su cika ba ya kashe mutum takwas a wannan gida. Da ya fito ya harbi wasu mutum biyu da ya tarar a kan titi, ɗaya ya mutu. Ya ƙwace mota ya nufi wata unguwa a yankin Jenkins, ya kashe matar da suke rigimar riƙon ɗa da ita, da ɗan nasu, da mahaifiyarta, da wani yaro ɗan uwanta. Sai da gari ya waye ’yan sanda suka lallashe shi ya miƙa wuya, bayan sun sa wani gidan rediyo ya watsa labarin ƙarya cewa yaran suna asibiti da ransu.

Daga wannan rana kuma sai ƙwaƙwalwar Banks ta zama abin da hukuma ba ta gajiya da bincika. A shari’ar da aka yi masa a 1983, likitoci sun yi ta ba da shaida a kan irin ruɗin da ke kansa, aka yi ta jayayya kan ko ya san abin da ya aikata laifi ne. An same shi da laifi, aka yanke masa hukuncin kisa. Shari’ar ta kai har Kotun Ƙolin Amurka. A Disambar 2004 an dakatar da zartar da hukuncin ana gab da aiwatarwa, sannan a 2010 alƙali ya yanke cewa hankalinsa bai kai a kashe shi ba, bisa ƙa’idar da Kotun Ƙolin ta shimfiɗa a 1986 cewa ba a zartar da hukuncin kisa a kan wanda bai fahimci dalilin da za a kashe shi ba. Kusan shekara talatin ke nan ana ɗaukar likitoci da lauyoyi da kuɗin jama’a don a auna hankalin mutum ɗaya. Da an kashe ko da kaso kaɗan na wannan himma a cikin waɗancan makonni uku, da wani ya taka zuwa gidan ya tambayi matan halin da suke ciki, ya kuma tambaya ko akwai makami a ɗaki. Abin da aka yi daga baya, komai yawansa, ihu ne bayan hari.

A nan akwai wani rami da ake yawan faɗawa. Duk lokacin da irin wannan ta’asa ta auku, kalmar da ta fi saurin fitowa daga bakin jama’a da na jami’ai ita ce taɓin hankali, kuma da an furta ta sai kowa ya ji kamar an gama bayani. Banks lallai yana da lalura mai tsanani, kotuna ma sun tabbatar. Amma binciken da aka yi a Amurka, ƙasar da ta fi kowace yawan irin waɗannan hare-hare a cikin ƙasashe masu arziki, bai goyi bayan a mayar da lalurar ƙwaƙwalwa ita kaɗai sanadi ba. A 2018 hukumar FBI ta fitar da nazarin da ta yi a kan mutum 63 da suka buɗe wuta kan jama’a tsakanin 2000 da 2013. Kashi 25 cikin ɗari ne kawai aka iya tabbatar da cewa likita ya taɓa gano musu wata lalurar ƙwaƙwalwa, kuma uku ne kacal a cikinsu ke da irin wadda ke raba mutum da zahiri. Mafi yawan masu fama da ciwon damuwa ko wata lalura makamanciyarta ba su taɓa ɗaga hannu a kan kowa ba, sau da yawa ma su ake zalunta. Duk ofishin da ya fara kallon ma’aikacinsa mai zuwa asibitin ƙwaƙwalwa a matsayin abin tsoro, to ya koya wa sauran ma’aikata su ɓoye tasu lalurar ke nan.

Abin da nazarin na FBI ya gano wanda ya fi amfani shi ne, kowane ɗaya daga cikin maharan ya nuna halaye masu tayar da hankali kusan biyar a matsakaici, waɗanda mutanen da ke kusa da shi suka gani da idonsu, kuma kashi 77 cikin ɗari sun shafe mako ɗaya ko fiye suna shiri. Ba rana tsaka abin ke faɗowa ba. A fiye da rabin lamuran, akwai wanda ya lura amma bai yi komai ba. Wani nazarin kuma da masana a Jami’ar Johns Hopkins suka wallafa a 2021, a kan harbe-harben da suka ci rai huɗu ko fiye tsakanin 2014 da 2019, ya nuna cewa a kashi 68 cikin ɗari maharin ko dai ya kashe wani a cikin iyalinsa, ko kuma yana da tarihin cin zarafin iyali. Wato abin da aka fi gani a talabijin, baƙo ya faɗa makaranta ko kasuwa, shi ne ƙaramin kaso. Babban kason a cikin gida yake farawa, kuma matar da ta sha duka ita ce ta fara sanin abin da ke tafe.

Saboda haka alamar da ta fi cancantar a razana da ita haɗuwar abubuwa ce a kan mutum ɗaya a lokaci ɗaya: ya furta cewa zai kashe kansa ko wani, yana da tarihin duka ko barazana ga na ƙasa da shi, wani abu da yake jin shi ne rayuwarsa yana shirin kuɓuce masa, aiki ne ko aure ko ’ya’ya, sannan ga makami kusa da hannunsa. Banks ya haɗa kusan dukkansu. Daga cikin waɗannan kuwa, wanda hukuma za ta iya cirewa cikin yini ɗaya shi ne makamin. Magani yana ɗaukar watanni, sulhun iyali yana iya ɗaukar shekaru, amma karɓe bindiga aikin sa’a guda ne idan akwai wanda doka ta ɗora wa yin sa.

Wanda ke ganin cike fom da tura fayil ƙaramin aiki ne, ya dubi abin da ya faru a Jihar Texas shekara 35 bayan kisan Wilkes-Barre. Devin Kelley sojan sama ne da kotun soja ta ɗaure a 2012 saboda dukan matarsa da fasa ƙoƙon kan ɗanta ƙarami. A wannan shekarar ma ya taɓa tserewa daga wani asibitin ƙwaƙwalwa a Jihar New Mexico, bayan ya yi wa shugabanninsa barazanar kisa. Bisa dokar Amurka, wannan hukunci ya haramta masa sayen bindiga. Abin da ake buƙata kawai shi ne rundunar sojin sama ta aika da bayanan hukuncin zuwa rumbun bayanan FBI, wanda masu sayar da makamai ke dubawa kafin su miƙa wa mai saye. Ba a aika ba. Babban sufeton Ma’aikatar Tsaron ƙasar ya gano daga baya cewa sau shida damar aikawa ta zo aka bar ta ta wuce. Kelley ya sayi bindigoginsa a kanti kamar kowa. A ranar 5 ga Nuwamban 2017, bayan ya yi ta aika wa surukarsa saƙonnin barazana, ya shiga cocin da take zuwa a ƙauyen Sutherland Springs ya kashe mutum 26, ciki har da kakar matarsa. A 2021 wani alƙalin tarayya ya yanke cewa kashi 60 cikin ɗari na alhakin yana wuyan gwamnati, kuma a 2023 gwamnatin ta amince ta biya iyalan dala miliyan 144.5. Babu ɗaya daga cikin ma’aikatan da takardar ta kwana a teburinsu da ya yi niyyar cutar da kowa.

A Jihar Maine kuma iyali ne suka yi abin da ake ta roƙon iyalai su yi. Tun a watan Mayun 2023 dangin Robert Card, wani sojan ko-ta-kwana, suka sanar da hukuma cewa yana jin muryoyi, yana zargin kowa, kuma yana da bindigogi da yawa. An kwantar da shi asibiti a watan Yuli. A Satumba wani abokin aikinsa ya yi gargaɗi a rubuce cewa zai iya buɗe wuta kan jama’a. ’Yan sanda sun je gidansa, ba su gan shi ido da ido ba, sai suka bar wa ’yan uwansa aikin raba shi da makaman. A ranar 25 ga Oktoba ya kashe mutum 18 a garin Lewiston. Kwamitin binciken da jihar ta kafa ya ce ’yan sandan suna da isasshiyar hujjar da doka ta ba su su tsare shi su karɓe makaman, ba su yi ba. Soja sun zaci ’yan sanda na kai, ’yan sanda sun jingina da iyali, iyali kuwa tsoronsa suke ji.

Najeriya ba Amurka ba ce wajen yawan bindigogi a hannun farar hula, kuma Dokar Makamai ta 1959 ta riga ta hana ba da lasisi ga wanda hankalinsa bai daidaita ba ko mai shaye-shaye. Amma Banks da Kelley da Card duk hukumomin gwamnati ne suka ɗauke su aiki kuma suka amince musu da makami, kuma a nan ne labarin ya shafi Gwamnatin Tarayya kai tsaye. Ita ce ke ba da bindiga ga sojoji da ’yan sanda da jami’an tsaron farin kaya da na Sibil Difens da Kwastam da na shige da fice da gandirobobi. Da yawansu sun yi shekaru a fagen daga a Arewa maso Gabas ko dazukan Arewa maso Yamma, sun ga abin da ba ya faɗuwa, sun dawo bariki inda iyalansu ke zaune da su a ɗaki ɗaya ko biyu. Wasunsu dogarawa ne da ke raka manyan jami’ai, kuma hadiman da ke shiga mota ɗaya da su kullum su ne za su fara lura idan mutum ya daina barci, ko ya fara magana shi kaɗai, ko ya fara cewa da a raba shi da ’ya’yansa gara kowa ya rasa.

Tambayar ita ce, wanda ya lura ina zai kai maganar, kuma me zai biyo baya? Hanyoyin da ofis ya saba da su sanannu ne: takardar tuhuma, sauyin wurin aiki, ko a ce ya je gida ya huta. Dukkansu suna kawar da matsalar daga idon shugaba ne su mayar da ita kan iyali, daidai abin da ya faru a Camp Hill. Iyalin kuma, saboda kunya da tsoron kada a kori mai ciyar da su, sukan rufa asiri, su tsaya ga addu’a da maganin gargajiya. Ba wanda zai raina addu’a, sai dai ba ta hana a kai mutum gaban likita, ba ta kuma hana a kulle makami.

Dokokin da za a dogara da su suna nan. Dokar Kula da Lafiyar Ƙwaƙwalwa ta Ƙasa, wadda Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a Janairun 2023, ta maye gurbin tsohuwar dokar mahaukata ta 1958, ta haramta nuna wariya ga masu lalurar, ta kuma tsara yadda za a kwantar da mutum asibiti ko da bai amince ba idan ya zama haɗari ga kansa ko wasu. Dokar Haramta Cin Zarafin Mutane ta 2015, wadda ke aiki a Babban Birnin Tarayya ƙarƙashin kulawar hukumar NAPTIP, ta ba kotu ikon ba da umarnin kariya ga wanda ake wa barazana a gida, har da umarnin ƙwace makamin da ke hannun mai barazanar. Matan bariki nawa ne suka san da wannan? Shugabannin sassa nawa ne suka taɓa jin an yi musu bayaninsa?

A gefe guda kuma akwai dokar da ke rushe wannan ƙoƙari. Sashe na 231 na kundin Penal Code da sashe na 327 na Criminal Code sun tanadi ɗaurin da ya kai shekara ɗaya ga wanda ya yi yunƙurin kashe kansa. Alamar farko da ta sa aka cire Banks daga hasumiya ita ce ya furta wannan tunani a gaban abokan aikinsa. Jami’in da ya san furucin zai iya kai shi ga rasa aiki, yunƙurin kuma ya kai shi gaban alƙali, bakinsa zai ja ya yi shiru, abokinsa ma zai rufa masa asiri don tausayi. Gwamnatin Tarayya ta kafa kwamiti a 2024 don a cire wannan hukunci, kuma bai kamata irin wannan gyara ya kwana a Majalisa ba. Ga kuma ƙarancin ma’aikata: ƙungiyar likitocin ƙwaƙwalwa ta ƙasa ta sha bayyana cewa mambobinta da ke aiki a cikin gida ba su kai 300 ba, a ƙasar da ta haura mutum miliyan 200, kuma asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya irin na Barnawa a Kaduna da Aro a Abeokuta da Yaba a Legas da Kware a Sakkwato su ke ɗauke da mafi yawan nauyin.

Wannan jarida na ganin akwai abin da ba ya buƙatar sabuwar doka ko ƙarin kasafi. Ofishin Shugaban Ma’aikatan Tarayya da Ma’aikatar Harkokin Cikin Gida da Hukumar Kula da Ayyukan ’Yan Sanda da Hedkwatar Tsaro suna iya fitar da umarni a rubuce cewa duk jami’in da aka janye daga aiki saboda maganar kashe kai ko barazana ga iyali, a karɓi makaminsa a wannan rana, a binciki ko yana da wani a gida, likita ya gan shi cikin kwanaki ƙalilan ba makonni ba, sannan a sanya sunan jami’i ɗaya tak da zai bi lamarin har ƙarshe, ya kuma gana da matar gidan ita kaɗai ba a gaban mijin ba. Albashinsa ya ci gaba da tafiya, muƙaminsa kuma ya jira shi, domin idan neman magani ya zama hanyar kora babu wanda zai nema. Ita ma matar da ta kawo ƙorafin duka ofishin mijinta, a daina mayar da ita da cewa maganar cikin gida ce, a rubuta ƙorafin, ya shiga fayil ɗin da mai ba da makami zai gani.

Kwana biyu bayan mutuwar Banks, a ranar 4 ga Nuwamban 2025, masu zaɓe a Jihar Maine suka amince da dokar da ta ba dangi damar zuwa kotu da kansu su nemi a karɓe bindigar ɗan uwansu na wani lokaci, ba tare da jiran ’yan sanda ba. Jihar Connecticut ce ta fara kafa doka mai kama da ita tun 1999, kuma jihohi sama da 20 sun bi sahu. Maine ba ta yi tata ba sai da ta binne mutum 18.